Kafin a zargi amarya, a bar likita ya yanki fatar

Assalamu alaikum, Likita. Ni malamin firamare ne a Argungu, ina da mata biyu. Uwargidana, mai shekara 44, wadda muke da 'ya'ya shida da ita, ta soma ciwon baki tun bayan ƙaramar Salla. Miki ya fito mata a cikin kumatu da dasashi da ganɗa, har ta daina cin tuwo ta koma kunu. Bayan wata huɗu sai bororo ya fara fito mata a ƙirji da baya da tsakiyar kai, ba ya jimawa sai ya fashe, fatar ta saluɓe kamar wadda ruwan zafi ya zuba wa. Da asuba zanenta yakan manne da bayanta, sai an jiƙa shi kafin a cire. Wani mai kemis ya yi mata allura ya ba ta wasu ƙananan ƙwayoyi, ta samu sauƙi na mako biyu, da suka ƙare ciwon ya dawo fiye da da, shi ya sa na sake sayo mata su. An yi mata gwajin ƙanjamau sau biyu, ba ta da shi. Wani likita a Birnin Kebbi ya ce yana zargin wata cuta mai suna femfigus, ya ce sai an yanki fatarta wuri biyu, an kuma ɗebi jini an auna abin da ya kira antibodi. Mahaifiyarta da yayyenta sun ƙi, sun ce ba a ƙara wa mai miki miki, kuma ciwon jifa ne, suna zargin amaryar da na aura bara. Innata ta ware mata kwano ta hana yara shiga ɗakinta, wani maƙwabci kuma ya ce gwajin antibodi ai na ƙanjamau ne, ɓoye mini ake yi. Kuɗin hannuna ba su da yawa. Shin yankan nan dole ne? Ba zan iya ci gaba da ƙwayoyin kemis ba tunda suna yi mata amfani?

Wa alaikumus salam, Malam. Allah ya ba uwargida lafiya, ya sa kaffara ne, kai kuma ya saka maka da alheri a kan ɗawainiyar da kake yi. Amsata ita ce ka tsaya tsayin daka a yi wannan yanka, kuma kada a wuce makon nan ba a koma wurin likitan ba. Ba ni da ikon tabbatar da sunan cuta daga wasiƙa, amma yadda ka jero labarin, wato mace mai shekara arba'in da 'yan kai, mikin baki da ya ƙi warkewa watanni, sannan bororo mai laushi da ke fashewa da wuri ya bar jan nama a fili, ya isa ya sa duk wanda ya san cututtukan fata ya yi irin zargin da likitanku ya yi. Abin da ya nema shi ne abin da ake nema a ko'ina cikin duniya idan an ga irin wannan, bai ƙara komai don ya ci kuɗinka ba.

Zan fara da maganar maƙwabcinka, domin ita ce ta fi saurin ɓata sunan baiwar Allah a unguwa. Antibodi wani furotin ne da garkuwar jiki ke ƙerawa ta zuba cikin jini, kowane iri da abin da aka ƙera shi ya kama, kamar yadda kowane mabuɗi yake da kwaɗonsa. Yaron da aka yi wa rigakafin ƙyanda, antibodin ƙyanda ne ke tsare shi. Ni da kai duk muna ɗauke da dubban irinsu. Gwajin ƙanjamau da aka saba yi yana neman antibodin da jiki ya ƙera domin yaƙar ƙwayar ƙanjamau, daga nan maƙwabcinka ya tsinci kalmar, amma an riga an nemi wannan a jinin uwargida har sau biyu ba a samu ba. Wanda likita yake nema yanzu daban ne ƙwarai, shi ne antibodin da jiki ya ƙera bisa kuskure yana yaƙar fatar kansa. Babu wata ƙwayar cuta da ta shigo daga waje a cikin wannan lamari, masu gadin gida ne suka rikice suka far wa bangon gidan da aka sa su tsaro.

Ka dubi katangar tubali. Saman fatar mutum haka yake, ƙwayoyin halitta ne jere sahu a kan sahu, kuma akwai abin da ke manne kowace da maƙwabciyarta kamar yadda kwaɓi ke riƙe tubali. Daga cikin furotin da ke wannan aikin akwai biyu da ake kira desmogilin na 1 da desmogilin na 3. A cutar femfigus, antibodi yana zuwa ya kama waɗannan, sai ƙwayoyin su saki juna, ruwa ya taru a tsakani, bororo ya tashi. Da yake rabuwar a cikin siririn saman fatar take, rufin bororon ba shi da kauri, shi ya sa ko gogar riga ta isa ta fasa shi. Wannan ne ma dalilin da likita zai sa yatsa ya murza fatar da ke kusa da mikin, wadda a ido lafiyarta lau, ya ga ko za ta zame. Ana kiran wannan alamar Nikolski, da sunan likitan ƙasar Rasha da ya bayyana ta a 1896.

A nan ne kuma ake gane dalilin da ya sa ciwon uwargida ya fara daga baki ya daɗe a can kafin ya sauko jiki. Fatar cikin baki ta dogara ne kusan kacokan a kan desmogilin na 3, na 1 ɗin da ke wurin kaɗan ne, ba zai iya riƙe ginin shi kaɗai ba. Fatar jiki kuwa tana da duka biyun, idan an raunana ɗaya ɗayan yakan tallafe shi. Saboda haka mutumin da jikinsa ya ƙera antibodin desmogilin na 3 kawai, bakinsa ne zai yi miki alhali jikinsa yana nan kusan lafiya, sai ranar da antibodin desmogilin na 1 ya ƙaru a kai sannan ƙirji da baya da kai su soma saluɓewa. Fiye da rabin masu irin wannan femfigus, wanda ake kira bulgaris, daga baki yake fara musu, kuma da yawansu sukan shafe watanni ana ba su maganin wanke baki da maganin ƙwayoyin cuta kafin wani ya gane. Ina faɗa maka wannan ne domin ka ga cewa ciwon da dangi suke gani kamar abin mamaki da ba shi da kai ba shi da gindi, yana da tsari sananne wanda ya bi daki-daki, kuma irin tsarin da yake bi ke nan a jikin mutumin Indiya ko Iran ko Faransa da bai taɓa jin kalmar kishiya ba.

To me ya hana likita ya duba da ido kawai ya ba da magani? Hausawa sun ce ido ba mudu ba ne amma ya san ƙima, kuma idon ƙwararre yakan yi daidai sau da yawa. Sai dai cututtukan bororo suna kama da juna, alhali maganinsu da tsawon jinyarsu da haɗarinsu sun sha bamban. Akwai femfigus foliyashiyos, wanda antibodin desmogilin na 1 kaɗai ke jawowa, ba ya taɓa baki, sai ɓawo-ɓawo a fuska da kai da ƙirji. Akwai femfigoid, wanda ya fi kama tsofaffi da suka haura 60, a cikinsa antibodi ba ya raba tubali da tubali, sai dai ya kama wasu furotin biyu, BP180 da BP230, da ke ɗaure katangar da harsashinta, sai saman fatar ya ɗago gaba ɗaya, bororon ya fito a cike tam, mai tauri, da ƙaiƙayi mai hana barci. Wani nau'insa yana zuwa wa mata masu juna biyu, yakan fara daga kewayen cibiya. Akwai kuma saluɓewar fata da baki da idanu da magani ke haddasawa farat ɗaya cikin kwanaki, kamar yadda akan gani bayan shan Septrin ko Fansidar ko wasu magungunan farfaɗiya, wanda babban matakinsa shi ne a dakatar da maganin nan take. Har shi kansa femfigus wasu magunguna suna iya tayar da shi, irin su kaftofiril na hawan jini, kuma akwai wani nau'i da ba a cika gani ba wanda ke tafiya tare da ciwon daji na jini. Su kansu likitoci sun daɗe suna haɗa femfigus da femfigoid a kwando ɗaya, sai a 1953 Walter Lever ya rarrabe su ta hanyar duba yankakkiyar fata a madubin likita. A 1964 Ernst Beutner da Robert Jordon a Amurka suka gano antibodin a jinin masu femfigus, sannan a 1991 Masayuki Amagai da John Stanley da abokiyar aikinsu suka gano ainihin furotin da yake kamawa. Gwajin da aka rubuta wa uwargida 'ya'yan wannan doguwar wahala ne.

Yanzu ga yadda yankan yake, domin ka iya kwatanta wa surukarka da bakinka. Za a goge wurin, a yi ƙaramar allurar kashe zafi a ƙarƙashin fata, ita ce kaɗai za ta ji kamar cizon cinnaka. Sai likita ya ɗauko wani ɗan ƙarfe mai zagayayyen baki, faɗinsa milimita 3 ko 4, ya ɗora ya murza shi tsakanin yatsunsa, ya ɗago ɗan guntun fata da bai wuce ƙwayar dawa ba. Ɗinki ɗaya ko biyu ya rufe wurin, a sa filasta, ta tashi ta tafi gida a ranar. Bai kai tsagar da wanzami yake yi idan zai kafa ƙaho ba, kuma mutanenmu ba sa ganin ƙaho a matsayin ƙara wa mai ciwo ciwo. Duk da haka ba zan ce tsoron surukarka ba shi da tushe ba, domin uwa ce da ta ga fatar 'yarta ba ta warkewa, kuma gaskiya ne cewa miki a jikin mai femfigus yakan yi jinkirin rufewa kafin magani ya kama. Abin da za ka nuna mata shi ne cewa a kowane dare ciwon yana buɗe wa 'yarta mikin da ya ninka wannan sau ɗari, kuma wannan ɗan ƙaramin ne zai buɗe hanyar rufe sauran.

Dalilin yanka biyu kuwa shi ne kowanne da tambayar da yake amsawa. Na farko ana ɗaukarsa daga gefen sabon bororo, wanda bai wuce kwana ɗaya ko biyu da fitowa ba, a jefa shi a ruwan fomalin mai hana nama ruɓewa, a yayyanka shi siriri a rina, a duba a ga a wane hawa na katangar aka samu rabuwa. A femfigus bulgaris akan ga sahun ƙarshe na ƙasa yana nan a manne da harsashi, kowace ƙwaya tsaye ita kaɗai, sauran kuma sun saki suna yawo a cikin ruwan bororon. Na biyu ana ɗaukarsa daga fatar da ke kusa da mikin wadda ba ta fashe ba, domin a cikin mikin kansa antibodin ya riga ya lalace. Shi wannan ana zuba masa wani rini da ke manne wa antibodi kuma yake ƙyalli da launin kore a ƙarƙashin wani haske na musamman. Idan femfigus ne, koren zai zagaye kowace ƙwaya, hoton ya fito kamar ragar homa da Kabawa ke shiga kogin Matan Fada da ita. Idan femfigoid ne, sai a ga layi ɗaya miƙaƙƙe a gindin katangar kamar an ja zare. Wannan gwajin ƙyalli shi ne mafi ƙarfin hujja a duk cututtukan nan.

Akwai abin da nake so ka riƙe da kyau a nan, domin kuɗin mutane da yawa suna salwanta a kansa. Guntun da za a yi wa gwajin ƙyalli ba a sa shi a fomalin, idan ya shiga fomalin ya lalace, sai an sake yanka. Ana sa shi a wani ruwa da ake kira ruwan Michel, wanda ke iya riƙe shi kwanaki masu yawa a hanya, ko a ruwan gishiri na asibiti idan zai isa ɗakin gwaji cikin kwana ɗaya. Kuma ba kowane asibiti ne ke yin wannan gwajin ba, sau da yawa sai an aika da shi wani babban gari. Saboda haka kafin a taɓa ta, ka tambayi likita cikin ladabi ina za a kai kowane guntu, a cikin wane ruwa, kuma yaushe sakamako zai dawo. Likitan kirki ba zai ji haushin wannan tambaya ba. Idan ya ga ya fi kyau ya tura ku wurin likitan fata a Asibitin Koyarwa na Jami'ar Usmanu Ɗanfodiyo da ke Sakkwato, ka karɓi takardar ka tafi, tunda daga Argungu tafiyar ba ta gagara ba.

Gwajin jini shi ne na uku. A takardar za ka iya ganin an rubuta ELISA, wato hanyar da ake auna yawan antibodin desmogilin na 1 da na 3, ko na BP180 da BP230, a ba da sakamako da lamba. Akwai kuma wata hanya da ake zuba ruwan jinin majiyyaci a kan wata fata ta gwaji a ga ko ragar nan za ta fito. Amfanin jini biyu ne. Yana taimakawa wajen tabbatar da sunan cutar, musamman inda gwajin ƙyalli bai samu ba, tunda ruwan jini ya fi guntun fata sauƙin aikawa nesa. Sannan lambar takan hau idan ciwon ya tashi, ta sauka idan ya lafa, musamman ta desmogilin na 1, saboda haka likita yana iya waiwayarta a gaba lokacin da yake rage magani. Amma kada ka mai da lambar ta zame maka abin fargaba. Akwai wanda jikinsa ya warke sarai amma antibodin desmogilin na 3 bai ɓace daga jininsa ba, akwai kuma wanda a farkon ciwo ko bayan shan magani jinin bai nuna komai ba alhali fatar ta nuna. Likita yana haɗa abin da ya gani a jiki da abin da fata ta nuna da abin da jini ya nuna ne kafin ya yanke hukunci.

Game da ƙarancin kuɗi, ra'ayina shi ne ka gaya wa likita abin da ke hannunka ba tare da kunya ba, ku tsara abin tare. Idan dole sai an zaɓa, yankan farko na gefen bororo ya fi sauran araha da sauƙin samu, kuma shi kaɗai yana raba femfigus da femfigoid a mafi yawan lokuta, sai a bi shi da ɗaya daga cikin gwajin antibodi biyun, wanda ya fi samuwa. Ba lallai ba ne a jira sakamako kafin a fara jinya, idan jikinta ya yi tsanani likita yana iya ɗaukar fata da jini yau ya fara magani yau. Tunda ma'aikaci ne kai, ka bincika ko kuna cikin tsarin taimakekeniyar lafiya na jiha, da abin da yake ɗauke muku. Kuma ka lissafa abin da ya riga ya tafi a kemis da wurin masu sassaƙe cikin watannin nan, za ka ga gwajin ba shi ne mai tsada ba.

Ƙwayoyin kemis ɗin nan, bisa yadda ka kwatanta, kusan tabbas daga dangin sitiroid suke, irin su deksametason da mata ke kira sha-ka-fashe, ko firednisolon. Ba abin mamaki ba ne da suka yi aiki, domin shi kansa maganin asibiti daga wannan dangin yake farawa. Amma sauƙin da suka kawo bai gaya mana sunan cutar ba, tunda suna kwantar da cututtukan fata iri-iri, kuma yadda aka sha su, mako biyu a tsaya, an kashe maciji ne ba a sare kansa ba. A asibiti ana auna adadin da nauyin jikinta, a riƙe shi har sabon bororo ya daina fitowa, sannan a riƙa ragewa kaɗan-kaɗan cikin watanni, galibi tare da wani magani kamar azatiyofirin ko maikofenolet domin a samu rage sitiroid ɗin. Kafin a fara ana duba suga da hawan jini da ciwon hanta nau'in B da tarin fuka da kuma ko tana da ciki, domin maganin yana rage ƙarfin garkuwa, yana iya tayar da cutar da ke kwance, wasu kuma suna illa ga ɗan tayi. Mai kemis ba ya duba ko ɗaya daga cikin waɗannan. Amma ka ji wannan da kyau: idan ta kai mako uku tana shan ƙwayoyin, kada ka tsayar mata da su dare ɗaya saboda ka karanta wannan amsa, domin jikin da ya saba da su yakan rage ƙera nasa, tsayarwa farat ɗaya tana iya jefa ta cikin suma da faɗuwar jini. Ka kai wa likita kwalin, ka faɗi ranar da ta fara da adadin da take sha, domin hakan yana shafar yadda zai karanta sakamakon gwajin ma.

Ba zan ɓoye maka ba, femfigus ciwo ne mai nauyi. Kafin a samu sitiroid a wajen 1950, kusan uku cikin kowane huɗu na masu shi mutuwa suke yi, saboda ƙwayoyin cuta da ke shiga ta mikin da kuma ruwa da furotin da jiki ke zubarwa. A yau, ga wanda yake samun kulawa, adadin bai kai ɗaya cikin goma ba, kuma mutane da yawa suna komawa harkokinsu, wasu har a kai ga tsayar musu da magani. Akwai wani magani da ake sawa ta jijiya mai suna rituksimab, wanda ke rage ƙwayoyin jinin da ke ƙera antibodin. A wani bincike da aka yi a Faransa aka fitar a 2017, kashi 89 cikin ɗari na waɗanda aka ba shi tare da ɗan gajeren sitiroid sun kasance ba ciwo ba magani bayan shekara biyu, alhali a cikin masu shan sitiroid kaɗai kashi 34 ne, kuma a 2018 hukumar magunguna ta Amurka ta amince da shi domin wannan cuta. Yana da tsada sosai, kuma babu likitan da zai ɗora majiyyaci a kansa ba tare da tabbacin gwaji ba, wanda wannan ma wani dalili ne na yin gwajin tun yanzu.

Kafin ku koma asibiti, a daina barbaɗa mata garin bagaruwa ko toka ko wani sassaƙe a mikin, a kuma dakata da shafa shuɗin maganin mikin nan da ake kira GV a sababbin wurare domin yana rufe wa likita kamannin ciwon. A wanke da tafasasshen ruwa da ya huce, a shafa Vaseline a kan tsabtataccen ƙyalle mai laushi a rufe, shi zai hana zane mannewa da asuba, kuma kada a ɓare rufin bororo, a bar shi ya kwanta a wurin. Ta kwana cikin gidan sauro ko da rana saboda ƙudaje. Jikinta yana zubar da furotin, saboda haka kunu kaɗai ba zai riƙe ta ba, a dama mata da madara ko gyaɗa, a ba ta ƙwai da alale mai laushi da romon kifi marar yaji da fura da nono marar tsami, kome ya huce kafin ta sa a baki. Ta ajiye asuwaki da goro da ƙuli-ƙuli da tsamiya tukuna. A zafin Kabi, wanda ke haura digiri 40 a watannin bazara, mai buɗaɗɗiyar fata yana bushewa da sauri, a riƙa ba ta ruwa a kai a kai. Idan ka ga zazzaɓi, ko mugunya da wari, ko ta kasa haɗiye ruwa, ko fitsarinta ya ragu, ko idanunta sun yi ja suna ciwo, ko ta fara ruɗewa, wannan ba na jiran ranar ganin likita ba ne, a kai ta a daren. Maganar alwala da wanka kuwa, addini ya yi sauƙin shafa a kan ɗauri da taimama ga mai irin wannan lalura, ka tambayi malaminku ya yi mata bayani domin kada ta riƙa cuɗa mikin.

Saura maganar gida, wadda na san ita ce ke hana ka barci. Femfigus ba ya yaɗuwa, ba ta kwano ba, ba ta tufafi ba, ba ta numfashi ba, ba ta kwanciyar aure ba. Ba kuturta ba ne, ba ƙarambau ba ne. Akwai wasu alamun gado da ke sa wani ya fi wani saurin kamuwa, amma ba cuta ba ce da ke bin 'ya'ya kai tsaye, kuma ba kasafai ake samun mutum biyu a gida ɗaya ba. Idan akwai wanda ake tsaro a gidanku, ita ce ake tsarewa daga mura da tarin wasu, musamman bayan ta fara magani. Ka zauna da Inna kai da ita, da lafazin da ɗa ke yi wa mahaifiya, ka gaya mata abin da likita ya ce, sannan ka ci abinci kwano ɗaya da uwargida a inda kowa zai gani, domin wannan zai yi abin da dogon bayani ba zai yi ba. A bar yara su shiga wurin uwarsu, su wanke hannu kawai. Macen da fatarta ke ciwo aka kuma raba ta da 'ya'yanta shida, an haɗa mata ciwo biyu.

Ita kuma amarya, haƙƙinta yana wuyanka kamar na uwargida. An ɗora mata laifi mai girma ba tare da shaida ba, a kan ciwon da ake iya ganin sanadinsa da ido a madubin likita, kuma Alƙur'ani ya gargaɗe mu cewa wani sashen zato zunubi ne. Ban ce a daina addu'a ko tofi ba, a yi su dare da rana, ba su hana gwaji, gwaji ma bai hana su. Abin da ba zan goyi baya ba shi ne a bar mace tana zubar da fata ana yawon neman wanda ya jefe ta. Kada ka yi wa surukanka gardama a tsakar gida. Ka nemi babban yayan uwargida ko kawunta da ake jin maganarsa, ka roƙe shi ya raka ku asibiti ya ga ƙarfen yankan da idonsa, ya yi wa likita duk tambayar da ke ransa. Kuma kafin kowa, ka tambayi ita mai jikin. A duk wasiƙarka na ji ra'ayin mahaifiyarta da yayyenta da Inna da maƙwabci, ban ji nata ba, alhali fatarta ce za a yanka kuma izininta ne likita zai nema. Ka karanta mata wannan amsa a hankali, ka ji abin da take tsoro.

Ranar tafiya, ta sa riga mai faɗi mai laushi wadda za a iya ɗagawa ba tare da goga ba, ka tattara duk kwalayen magani da ta sha tun kafin ciwon ya fara, har na hawan jini da na gargajiya, da takardun gwajin da aka yi a baya. Idan sabon bororo ya fito da dare, kada a fasa shi, ka ɗauki hotonsa da waya ka nuna wa likita wurin da safe, domin irinsa yake nema ya yanka a gefensa. Idan sakamako ya fito, ka sake rubuto mini abin da aka rubuta a takardar, harafi da lamba, mu duba tare. Allah ya ba ta lafiya, ya daidaita tsakanin iyalinka.